Wane Ƙamus Zan Saya, Kuma Me Ya Sa Babu Sakkwatancina a Ciki?

Tambaya: Ina koyar da Hausa a sakandare, kuɗin littafi ɗaya ne a hannuna. Ƙamus zan fara saye ko littafin nahawu?

Amsa: Malam, fara da ƙamus, domin shi za ka buɗe kullum. Ka nemi Ƙamusun Hausa na Jami'ar Bayero, wanda Cibiyar Nazarin Harsunan Nijeriya ta fitar a 2006. Da Hausa yake bayanin kalmomin Hausa, saboda haka ɗalibi zai iya karanta ma'anar da kansa ba sai ya bi ta Turanci ba. In hali ya samu nan gaba, ka ƙara da Tsarin Sauti da Nahawun Hausa na Farfesa Mu'azu Sani Zariya. Manyan littattafan nahawu na Paul Newman (2000) da Philip Jaggar (2001) ba su da na biyu wajen zurfi, amma da Turanci aka rubuta su, kuma masu bincike a jami'a aka nufa da su. Sayen su domin ajin sakandare ɓarnar kuɗi ce.

Tambaya: Ni Basakkwaciya ce. Malaminmu ya kashe mini "biyat" da "hwari" a jarrabawa, na duba ƙamus ban gan su ba. Ke nan Hausarmu kuskure ce?

Amsa: Ko kusa, 'yar'uwa. Yawancin ƙamusoshin zamani a kan Daidaitacciyar Hausa aka gina su, ita kuwa ta fi jingina da Kananci. Shi ya sa za ki tarar da "biyar" da "fari" da "me", ba "biyat" da "hwari" da "mi" ba. Bazazzagi ma haka yake fama: a bakinsa "matan Audu" na iya nufin mace ɗaya, saboda karin Zazzau bai cika bambanta jinsi a nan ba, alhali a takarda "matar Audu" ake nema. A jarrabawa malaminki yana da gaskiya, a gida kuwa babu wanda zai gyara miki harshen iyayenki.

Idan karin harshe ne ya dame ki, tsohon ƙamusun G. P. Bargery na 1934 shi ne wurin zuwa. Kalmominsa sun kusa 40,000, kuma sau da yawa yakan sa alama a gefen kalma ya nuna ta Sakkwato ce, ko Katsina, ko wani yankin. Wahalarsa biyu: bayanin da Turanci ne, sannan ba ya rubuta ƙ da ɗ da ɓ yadda muke rubuta su yau, sai kin saba da hanyarsa kafin ki daina ɓata a cikinsa. Ana samun sa a intanet, don haka ki gwada shi kafin ki kashe kuɗi. Na R. C. Abraham, wanda aka sake bugawa a 1962, ya fi shi yawan misalai da karin magana.

Tambaya: Ina fassara daga Turanci zuwa Hausa. Na ga kwafi mai arha a kasuwa, in saya?

Amsa: Da farko ka tabbatar da inda ƙamusun ya fuskanta. Aikinka na bukatar na Turanci zuwa Hausa, kamar na Roxana Ma Newman na 1990. Na Paul Newman na 2007 daga Hausa yake zuwa Turanci, ba zai fishshe ka shi kaɗai ba.

Sai batun kwafin. Buɗe littafin ka nemi "gari" in na Hausa zuwa Turanci ne, ko "town" da "flour" in na Turanci zuwa Hausa ne. Ya kamata ka ga alamomin karin sauti, da kuma alamar tsawon wasali da ta raba garin da ake zama a cikinsa da garin tuwo. A bugun sata waɗannan ƙananan alamomi sukan dusashe, lanƙwasar ƙ ta goge, "ƙafa" ta koma "kafa", "ɓata" ta zama "bata". Ka kuma bi lambobin shafi, domin ba a lura da ɓatan shafi sai ranar da aka buƙace shi. In takardar ta yi sirantar da rubutun bayan shafi yana ratsowa, ajiye musu kayansu.