Tambaya da Amsa: Mai kiɗan fim ma yana da ta cewa

Tambaya: Malam, ni matashi ne a Anguwan Rogo, nan Jos, sana'ata haɗa kiɗan fim da kwamfuta. Sai an gama tace fim ake kawo mini, a ce in "zuba kiɗa" cikin kwana biyu, kuma ba a neman shawarata. Akwai inda mai kiɗa ya taɓa samun daraja a wannan harka?

Amsa: Akwai, ɗana. Mutumin da ya faɗo mini a rai shi ne Zdeněk Liška, ɗan ƙasar Cek, wanda aka haifa a garin Smečno a 1922, ya rasu a birnin Prag a 1983.

Ka san takalmin Bata da iyayenmu suka sa mana muka tafi makaranta? Asalin kamfanin daga garin Zlín na ƙasar Cek yake, kuma shi ya kafa ɗakin shirya fim a can domin talla. A wannan ɗaki Liška ya fara aikin fim bayan ya gama makarantar kiɗa ta Prag, yana yi wa gajerun fina-finai da na zane kiɗa. Wannan mafarin ya fi komai jan hankalina. A fim ɗin zane babu sautin da ke zuwa da kansa, kowane taku da kowace ƙiftawar ido sai an auna. Nan kunnensa ya koyi lissafi, har ya zama na hannun daman darakta Karel Zeman.

Da ya shiga manyan fina-finai, bai yarda ya zama ɗan jiran tsammani ba. Yakan zauna a teburin tacewa, ya ce a rage nan, a datse can, daraktoci kuma su saurara domin sun ga amfanin hakan. A 1963 ya yi wa Ikarie XB-1, labarin tafiya sararin samaniya, sautin na'ura. Fim ɗin The Shop on Main Street na 1965 da ya yi wa kiɗa ya ci kyautar Oscar. Amma wanda nake so ka nema shi ne Marketa Lazarová na 1967. Muryoyin taron mawaƙa da bugun ganguna ya jera, har tsikar jikina ta tashi ranar da na fara kallo, alhali ko kalma ɗaya ba na ji a harshensu.

Shawarata: a aiki na gaba ka roƙi labarin a rubuce tun kafin a fita ɗauka. Ka zauna kusa da mai tacewa ko yini ɗaya ne, ko ba a biya ka ba. Ka zaɓi fitowa guda, ka yi ta iri biyu, ɗaya cike da kiɗa, ɗaya da kukuma kaɗai ko ma shiru, ka kunna wa darakta ya zaɓa da kunnensa. In ka gwada, rubuto mini abin da ya ce.