An fasa maka kwado, 'yan sanda sun ce maganar kotu ce

Malam, na karanta wasiƙarka. Ka sayi gida, kana ciki da iyalinka, sai ƙanin wanda ya sayar maka ya zo da matasa suka fasa kwadon ƙofa, suka ba ka mako guda ka kwashe kayanka. Da ka kai ƙara, 'yan sanda suka ce ka tafi kotu.

Rabin maganarsu gaskiya ce. Ɗan sanda ba shi da hurumin cewa gidan na wane ne, ko da ka shimfiɗa masa takardun ciniki a kan tebur. Wannan aikin alƙali ne. A Najeriya, misali, sashe na 32(2) na Dokar 'Yan Sanda ta 2020 ya hana kama mutum a kan saɓanin da ba laifi a cikinsa, kamar karya yarjejeniya. Amma fasa kwado, shiga gida da ƙarfi da yi maka barazana laifuffuka ne, kuma ba ruwansu da wanda ya fi gaskiya a maganar mallaka. Ina zargin a nan aka samu tangarɗa: ka je kana ba da labarin ciniki, su kuma suka ji rikicin gida.

Ka koma da takardar koke a rubuce. Ka faɗi rana da lokaci, su wa suka zo, me suka riƙe a hannu, wace kalma suka furta. Ka haɗa hoton kwadon da aka fasa (kada ka jefar da shi) da sunayen maƙwabtan da suka gani. Ka nemi a buga hatimin karɓa a kwafinka. Idan ofishin ya yi shiru, ka kai wa na gaba da shi.

Sai dai abin da zai tsare ka na dogon lokaci yana kotu. Lauyanka ya shigar da ƙara, ya nemi umarnin wucin gadi da zai hana mutumin taka gidan har a yanke hukunci. Idan lamarin na gaggawa ne, kotu na iya bayarwa tun kafin ta saurari ɗaya ɓangaren, na ɗan gajeren lokaci. Da wannan takarda a hannu, 'yan sanda sun sami abin tsayawa a kai, wanda ya saɓa kuma zai amsa laifin raina kotu.

Zamanka a cikin gidan babban ƙarfi ne a gare ka. Doka na kare wanda ke riƙe da wuri cikin lumana, har mai takardar mallaka ma sai ya bi ta kotu kafin ya fitar da shi. A 1986 Kotun Ƙolin Najeriya ta yi tir da gwamnatin soja ta Legas saboda ta fitar da Ojukwu, tsohon jagoran Biyafara, daga gida da ƙarfin bindiga alhali shari'a na gaban kotu.

Don haka kada ka fice sai in ranka na cikin haɗari, kada ka sa hannu a wata takardar sulhu da lauyanka bai karanta ba, kuma don Allah kada ka tara naka matasan. Asalin takardun cinikin ka kai su ajiya wani wuri a yau, ka bar kwafi a gida.