Zagayen wuraren bauta na Kyoto a ƙafa: in ɗauki ɗan jagora ko taswirar waya ta isa?

Tambaya: Assalamu alaikum. Ni ɗan kasuwa ne a Kano, ina harkar kayan gyaran mota. A watan Nuwamba zan je Osaka, kuma akwai rana ɗaya da ba ni da aiki. Abokin cinikina na can ya ce in je Kyoto in biya ɗan jagora ya zaga da ni tsofaffin wuraren bautarsu a ƙafa. Kuɗin ba asara ba ne, tunda akwai taswira a waya? Sannan ni Musulmi ne, yaya zan yi idan aka zo abin da ya shafi ibadarsu?

Amsa: Wa alaikumus salam, Alhaji. Ka ɗauki ɗan jagora, amma na rabin yini kawai, kuma a unguwa ɗaya. Daga azahar zuwa yamma ka yi yawonka kai kaɗai.

In don hanya ce, ba ka bukatar kowa. Kyoto gari ne mai tituna miƙaƙƙu, kuma daga Osaka jirgin ƙasa na JR mai sauri zai kai ka cikin kusan minti 30. Abin da waya ba za ta yi maka ba shi ne ta gaya maka me kake kallo. Garin ya zama fadar sarkin Japan a 794, ya riƙe matsayin fiye da shekara dubu kafin sarki ya koma Tokyo a 1869. A ƙididdigar da aka saba bayarwa akwai haikalin addinin Buddha kusan 1,600 da wurin bautar Shinto kusan 400 a cikinsa. Baƙon da ya shiga uku a jere ba tare da mai bayani ba, a na huɗu komai ya zama masa ɗaya: rufin tayil, ginshiƙan katako, tsakuwa a tsakar gida. Sai ya koma ɗaukar hoto, ya dawo gida da hoto ɗari biyu da ba zai iya faɗin sunan ko biyar ba. Da ɗan gari akan ci gari.

Abu na farko da ɗan jagora nagari zai raba maka shi ne addinan nan biyu, domin a titi ɗaya suke zaune. Wurin Shinto, alamarsa ƙofar nan mai ginshiƙi biyu da sanduna biyu a gicciye a sama, wadda suke kira torii, sau da yawa da jan fenti mai ratsin ruwan goro. Za ka ga igiyar ciyawa mai kauri da fararen takardu a rataye. Abin da suke bauta wa a ɓoye yake a ciki, ba a ganinsa. Haikalin Buddha kuwa yana da babbar ƙofa mai rufi, galibi da gumaka biyu masu muzurai a dama da hagu, ga ƙaton kaskon turare, ga ƙararrawar tagulla, ga gumaka a fili cikin zaure. A taswirar Japan ana yi wa haikalin Buddha wata alama mai kama da tambarin 'yan Nazi. Kada ta firgita ka, tsohuwar alamar addinin ce, ta girme su nesa ba kusa ba.

Shekaru aru-aru addinan biyu a cakuɗe suke, har gwamnatin Sarki Meiji ta ba da umarnin raba su a 1868. Rabuwar ba ta kai cikin gidajen mutane ba: yau ma iyali ɗaya za su kai jariri wurin Shinto, in an yi rasuwa su kira limamin Buddha.

Unguwar da nake so ka zaɓa ita ce Higashiyama, a gindin duwatsun gabashin gari. Daga Kiyomizu-dera zuwa Chion-in tazarar kilomita biyu ce ko ɗoriya kaɗan, amma da tsaye-tsaye za ta ci awa huɗu.

Ku fara da haikalin Buddha na Kiyomizu-dera, kuma ku fara da sassafe. Ana buɗe shi tun ƙarfe shida, amma kafin ƙarfe goma hanyar hawansa ta cika da 'yan makaranta da motocin 'yan yawon buɗe ido, balle a Nuwamba da ganyen itatuwa ke rikiɗewa ja. An kafa shi a 778, ginin da za ka gani kuwa na 1633 ne. Wannan bambancin ka riƙa tambayarsa a duk inda kuka tsaya: yaushe aka kafa, yaushe aka yi ginin da ke tsaye? Kyoto garin katako ne, wuta ta sha cinye shi. Yaƙin Onin na 1467 zuwa 1477 ya rusa yawancinsa, gobarar 1788 ta sake lashe tsakiyar gari. Abin da garin ya tsira daga gare shi shi ne ruwan bama-baman yaƙin duniya na biyu, wanda ya ƙone Tokyo da Osaka amma bai yi wa Kyoto ɓarna mai yawa ba.

A Kiyomizu kowa yana rububin hawa dandamalin katakon da ya leƙo kan kwari, tsayinsa kusan mita 13. Ka hau, ka ga gari. Amma ka ce wa jagoranka ya sauko da kai ta ƙasansa, ku tsaya ku ɗaga kai. Manyan ginshiƙai ne a jere, an huda su, an zura katakai ta cikin ramukan a tsaye da kwance, an toshe giɓin da 'yan guntayen katako, babu ƙusa ko ɗaya. Bakin kowane katako da ya leƙo waje an yi masa 'yar rumfa don kada ruwan sama ya ruɓar da shi. Kai da ka san ƙarfe da noti, nan ne za ka fi daɗewa. A zamanin Edo, kafin 1868, akwai masu dira daga kan dandamalin, wai wanda ya tsira bukatarsa za ta biya, har hukuma ta haramta a 1872. Can ƙasa kuma ga ruwan Otowa yana zubowa ta indararo uku, mutane na layi da ludayi mai dogon hannu suna tara suna sha don neman tsawon rai ko sa'ar karatu ko aure.

Daga nan sai gangara ta Sannenzaka da Ninenzaka, matakalar dutse tsakanin tsofaffin shagunan katako, hasumiyar Yasaka mai hawa biyar tana leƙowa ta saman rufi. An sake gina ta a 1440. Haikalin Kodai-ji na gaba, wanda Nene, matar Toyotomi Hideyoshi, sarkin yaƙin da ya haɗe kan Japan, ta kafa a 1606 bayan rasuwar mijinta. In lokaci ya yi ƙaranci ana iya wuce shi. Yasaka-jinja kuwa ku shiga, domin shi ne wurin Shinto da zai ba ka damar kwatanta shi da haikalin da ka baro. Daga wannan wurin ne babban bikin Gion na watan Yuli ya samo asali, tun wata annoba ta 869. Ku ƙare a Chion-in, hedikwatar ɗarikar Jodo ta addinin Buddha. Ƙofarsa ta 1621 tsayinta mita 24 ne, ƙararrawarsa kuma ta kai kusan tan 70, limamai 17 ke haɗuwa su kaɗa ta a daren sabuwar shekara.

Za a tallata maka rangadin da ya haɗa wurare shida ko bakwai a rana ɗaya, har da haikalin Kinkaku-ji mai lulluɓin zinariya da dajin gora na Arashiyama. Ka ƙi. Waɗannan a can wani ɓangaren gari suke, rabin ranarka a cikin bas za ta ƙare. Kinkaku-ji ma ba a shiga cikinsa, daga bakin tafki ake hango shi, kuma ginin na 1955 ne, bayan wani matashin almajirin haikalin ya cinna wa na asalin wuta a 1950. Yana da kyau a ido, ba musu, amma minti ashirin ya ishe shi, kuma bai kai a sayar da yini saboda shi ba.

Wajen zaɓen ɗan jagora ka buɗe ido. Da can doka ta ce sai mai lasisin gwamnati ne zai yi wa baƙi jagora a biya shi, amma tun Janairun 2018 aka sassauta, kowa na iya yi. Saboda haka akwai gwanaye, akwai masu haddar shafi biyu. Kafin ka biya ka tambaya: mutum nawa ne a ayarin, ƙarfe nawa ake tashi, waɗanne wurare ne za a shiga ciki ba a wuce ta ƙofa ba, kuma kuɗin shiga na cikin farashin ko daban. Ayarin da ya wuce mutum goma, a lungun Ninenzaka ba za ka ji rabin bayanin ba. In aljihu ya yarda, ka ɗauki naka kai kaɗai. Akwai kuma ƙungiyoyin 'yan sa kai, yawanci dattawa masu ritaya da ɗalibai, waɗanda ba sa karɓar lada sai dai ka biya musu kuɗin mota da na shiga da abinci, amma sai ka nemi su tun makonni kafin tafiya. Kusan duka da Turanci ake yi. Ba a ba da tukuici a Japan, sai a irin rangadin da aka rubuta kyauta ne, wanda da abin da aka ba shi a ƙarshe jagoran yake rayuwa.

Yanzu tambayarka ta biyu. Hukuncin shiga wurin bautar wasu na malamai ne, ka tuntuɓi naka kafin ka tashi. Abin da zan iya yi maka shi ne in raba maka ladabi da ibada, domin a can sun yi kama da juna a idon baƙo, kuma jagorori da yawa suna koya wa baƙi su duka a matsayin al'ada, da kyakkyawar niyya.

Ladabi shi ne ka cire takalmi inda aka ce a cire (ka sa safa mai kauri, daɓen katakon yana da sanyi a Nuwamba), ka tsallake dokin ƙofa kada ka taka shi, ka sassauta murya, kada ka ɗauki hoto inda aka hana, kada ka tare gaban mai addu'a. Ibada kuwa ita ce rusunawa a ƙofar torii, jefa kwabo cikin akwatin da ke gaban zaure, jan igiyar ƙararrawa, rusunawa sau biyu da tafi sau biyu da rusunawa ɗaya a wurin Shinto, kunna turare da shafa hayaƙinsa a jiki, shan ruwan Otowa, zarar 'yar takardar duba, da rubuta buƙata a allon katako a rataye. Babu mai tilasta maka ko ɗaya. Dubban baƙi suna wucewa kullum ba su yi ba, ba wanda ya ɗaga kai ya dube su. Abin da ke kawo jin nauyi shi ne jagora ya miƙo maka kwabo a gaban jama'a ka ce a'a. Maganinsa saƙo ɗaya ne tun ranar da ka yi rajista: ni Musulmi ne, zan kalla, zan saurara, ba zan yi ba. Mutanen Japan suna son a gaya musu abu tun da wuri, kuma suna kiyayewa.

Wurare biyu ne na fi so ka lura da su. A bakin shiga akwai kwamin ruwa da ludayoyi, inda masu ziyara ke wanke hannun hagu, sai dama, sai su kuskure baki. Zai tuna maka alwala, amma tsarkin shiga bautarsu ne. Ba a wanke fuska ko ƙafa a wurin, don haka kada ka yi alwalarka a ciki. Na biyu, 'yan jakunkunan alharini masu kyawun launi da ake sayarwa a tagogin harabar, waɗanda suke kira omamori. Baƙi na kwasar su a matsayin tsarabar yara saboda arha da kyau. Layu ne, da rubutun addu'a a ɗinke a ciki, wata ta jarrabawa, wata ta tsarin hanya, wata ta haihuwa. Tsaraba ka saya a shagunan gangara: mafici, kofin tangaran, ganyen shayin garin Uji.

Salla za ta matse ka fiye da yadda ka saba. A Nuwamba azahar tana shiga kafin ƙarfe sha biyu, la'asar wajen biyu da rabi, rana ta faɗi kafin biyar. Alƙibla kuma yamma take, ta ɗan karkata arewa. Akwai ƙaramin masallaci a garin da ɗakunan salla jefi-jefi, ka sa jagoranka ya nuna maka mafi kusa kafin ku rabu. Abinci ma ka yi tambaya: romon taliyar ramen yawanci na alade ne, kuma suna zuba mirin, wata giyar shinkafa mai zaƙi, a cikin miya da yawa, har da abincin ganye na haikali da babu nama a cikinsa. Kyoto na da gidajen abinci masu shaidar halal, ka nemo ɗaya tun daga Osaka.

Bayan la'asar ka tafi wurin bautar Shinto na Fushimi Inari kai kaɗai. Daga babbar tashar Kyoto tasha biyu ce a layin Nara, minti biyar, kana fita ga ƙofarsa. Ba a biyan kuɗi, ba a rufewa. An kafa shi a 711, kuma jajayen ƙofofin torii kusan 10,000 ne suka jeru har saman dutsen Inari mai tsayin mita 233. A nan ba ka bukatar jagora, hanyar ita ke jan ka. In ka hau kaɗan, ka waiwaya: bayan kowace ƙofa an rubuta sunan wanda ya ba da kuɗinta da ranar da aka kafa ta, kuma da yawansu kamfanoni ne, domin Inari, abin bautar wurin, a wurinsu na shinkafa ne da ciniki. Ƙasan dutsen cunkushe yake, amma jama'a na raguwa da kowace matakala. Minti 30 zuwa 45 zai kai ka mararrabar Yotsutsuji, inda ake hango kudancin gari. Zagaye dutsen gaba ɗaya awa biyu zuwa uku ne, kuma ƙafar da ta sha Higashiyama tun safe ba za ta gode maka ba, don haka daga Yotsutsuji ka juyo.

Ka riƙe tsabar kuɗi, domin tagogin tikiti da yawa ba sa karɓar kati, kuma kuɗin shiga kan kama daga yen ɗari biyar zuwa dubu. Ka sa leda a aljihu, kwandon shara yana da wuyar samu a titunansu. In hanya ta bi da kai ta Gion, tsohuwar unguwar da ke kusa da Yasaka-jinja, ka tsaya kan babban titi: an hana ɗaukar hoto a lungunan da ba na gwamnati ba tun 2019, tarar yen 10,000 ce, kuma daga 2024 wasu lungunan ma an hana baƙi shiga.