Ku Tambaya Mu Amsa: Belin Wanda Ake Zargi da Kashe Ɗan Dalit a Indiya

TAMBAYA: Malam, ɗana yana karatu a Indiya. Ya ba ni labarin wasu da aka kama bisa zargin kashe wani ɗan Dalit, bayan 'yan watanni sai ga su sun dawo gida a kan beli. Abin ya tsaya mini a rai. Ashe ana ba da belin mai laifin kisa? Daga wata uwa a Zariya.

AMSA: Hajiya, Allah ya ba yaro sa'ar karatu. Ana bayarwa, amma ba a ofishin 'yan sanda ba. A Indiya kisan kai yana cikin laifukan da beli ba haƙƙin wanda ake zargi ba ne, sai babbar kotu ta duba ta ga dacewa, kusan yadda yake a nan Nijeriya. Akwai kuma wata ƙofa: idan 'yan sanda suka wuce kwana 90 ba su kai takardar tuhuma kotu ba, mutum yana da ikon neman a sake shi.

Su Dalit su ne waɗanda tsohon tsarin asali na ƙasar ya ajiye a can ƙasa, har ake ƙyamar taɓa su. Ƙidayar 2011 ta nuna sun kai mutum miliyan 200. Tsarin mulkin 1950 ya haramta wannan ƙyama a sashe na 17, amma zaluncin bai tsaya ba, shi ya sa a 1989 aka yi doka ta musamman don hukunta masu cin zarafinsu. Dokar ta hana abin da ake kira belin riga-kafi, wato mutum ya ruga kotu ya karɓi beli tun ba a kama shi ba. A watan Maris na 2018 Kotun Ƙoli ta sassauta wannan hani, tana cewa ana amfani da dokar ana yi wa mutane sharri. Ranar 2 ga Afrilu Dalit suka fito zanga-zanga a jihohi da dama, aka yi asarar rayuka. Kafin shekarar ta ƙare majalisa ta mayar da hanin, kotun kuma ta amince da gyaran a 2020.

Me ya sa maganar beli za ta fitar da mutane kan titi? Ki dubi yadda ƙauyen yake. Sau da yawa wanda ake zargi shi ne mai gonar da iyalan mamacin suke ƙwadago a ciki, shi ne mai ba su bashi, danginsa ne ke da faɗa a garin. Matar da ta ga kisan da idonta, ta ƙofar gidansa za ta bi ta je ɗibar ruwa. Ranar da ya dawo, ko bai ce mata uffan ba ta gane saƙon. Shari'a kuma tana ɗaukar shekaru, kafin a kira ta gaban alƙali ta gaji, ko ta tsorata, ko an tilasta mata sulhu. A Lakshmanpur Bate ta jihar Bihar an kashe Dalit 58 a dare ɗaya a 1997. Sai a 2010 aka yanke wa mutum 26 hukunci, a 2013 kuma Babbar Kotun Patna ta sallame su duka, ta ce shaidun ba abin dogaro ba ne. Wannan hukunci har yau yana ci mini rai.

Ni dai ba na goyon bayan a hana beli ɗungurungum. Kusan kashi uku cikin huɗu na mutanen da ke gidajen yarin Indiya jiran shari'a suke yi, kuma talakawa ne suka fi yawa a cikinsu, har da Dalit ɗin kansu. Wanda kotu ba ta tabbatar wa laifi ba bai kamata ya tsufa a tsare ba.

Abin da na fi ba muhimmanci shi ne gyaran dokar 1989 da ya fara aiki a 2016, wanda ya wajabta a sanar da iyalan wanda aka zalunta, a kuma saurare su kafin a yanke maganar beli. A 2021 Kotun Ƙoli ta soke wani beli da Babbar Kotun Rajastan ta bayar a shari'ar kisa, saboda ba a sanar da ɗan'uwan mamacin ba.

Don haka, Hajiya, ki sa yaron ya bincika abu biyu game da wannan shari'ar: an ji ta bakin iyalan kafin a saki mutanen? An kuma gindaya musu sharaɗin nisantar shaidu? Idan sun yi wa wani barazana, iyalan suna da damar komawa kotu su nemi a soke belin.