Na yi daɓe da filasta da yashin kuza a Bukuru: in rushe ɗakunan ne?

Tambaya: Assalamu alaikum, Dakta. Ni magidanci ne a Bukuru. Bara na ƙara ɗaki biyu a gidana, kuɗi suka yanke, sai aka haɗa ni da wani mai tifa da ke ɗebo yashi daga wani tsohon wurin tace kuza, da araha sosai. Da shi aka yi daɓe da filasta, amma bulo na saye ne. Ƙanena da ke jami'a ya zo hutu ya ce yashin nan yana da radiyeshin irin na ramukan yuraniyom na Nijar. Yarana a ɗaya ɗakin suke kwana kan katifa a ƙasa, maiɗakina kuma tana da juna biyu. Na koma wurin mai tifa, ya ce tulin tun na zamanin Turawa ne, ruwan sama ya wanke shi, ya huce tuntuni. Wani kuma ya ce in riƙa ba yara madara. Wallahi barci ya gagare ni. In rushe ne?

Amsa: Wa alaikumus salam, Malam. Allah Ya sauki iyali lafiya, Ya raya yara. Kada ka rushe komai tukuna, kada kuma ka ɗauki maganar mai tifa. A auna ɗakunan nan, daga abin da awo ya nuna za a yanke shawara.

Ka fara kwantar da hankalinka kan cikin maiɗakinka. Radiyeshin haske ne da ido ba ya gani, wanda wasu ma'adinai ke fitarwa, da milisibat ake auna yawan wanda ya shiga jiki. Adadin da aka san yana nakasa ɗan tayi ya kai kimanin milisibat 100, alhali matsakaicin abin da mutum ke samu daga ƙasa da iska da abinci a duniya milisibat 2.4 ne a shekara guda cur. Da wuya filasta da daɓe su kai mutum kusa da 100 cikin wata tara. Babu wanda zai tashi gobe da ciwo saboda ɗakin nan. Abin tsoron shi ne taruwar shekaru: yaro ya kwana a wuri ɗaya tun yana goye har ya yi aure. Kana da lokacin yin abin a tsanake, amma kada ka bar shi ya kwana a rai har a manta.

Ƙanenka ya yi gaskiya, sai ɗan gyara. A Filato kuza da kwalambayit aka haƙa, ba yuraniyom ba, kuma abin da ya fi yawa a ragowar tamu toriyom ne, wani ma'adini mai fitar da radiyeshin, yuraniyom na biye da shi. Dutsen Jos haka Allah Ya yi shi, kuza ba ta zuwa ita kaɗai, tana tafe da monazayit da zirkon da torayit, ma'adinan da toriyom da yuraniyom ke cikinsu. Tun da Turawa suka buɗe haƙa a farkon shekarun 1900, jirgin ƙasa daga Zariya ya iso Jos a 1914, aka kwaso mutane da ƙarfin tsiya daga lardunan Arewa a 1942 don yaƙin duniya yana bukatar kuza, aka yi kakar kwalambayit a shekarun 1950, har kasuwar kuza ta duniya ta rushe a 1985, galibi kuza da kwalambayit ake tsincewa a sayar. Sauran a zuba a baya. Su ne tulin da kake gani a Bukuru da Rafil da Bisichi da Barikin Ladi.

Amma tulin ba ɗaya ba ne, kuma a nan maganarka ta fi damuna. Jar ƙasar da aka yaye daga saman rami kafin a kai ga kuza ba ta da nisa sosai da ƙasar gona. Mugun shi ne wanda ya fito daga wurin tacewa, inda aka bi da yashi ta injin maganaɗisu aka zare kuza da kwalambayit. Kai kuma ka ce daga wurin tacewa aka ɗebo maka. Idan akwai saura a gidan, duba shi da kyau: lallausa ne, da duhu-duhu da ɗigon ruwan ƙasa ko ruwan zuma, yana ƙyalli a rana, kwanon sarki ɗaya nasa ya fi na yashin rafi nauyi har lebura ya ji a wuyansa. Masu bincike daga jami'o'in Jos da Zariya da Ibadan sun sha auna irinsa, suna samun toriyom na dubban bekarel (ma'aunin ƙarfin radiyeshin da abu ke fitarwa) a kilo guda, inda ƙasa ta yau da kullum a duniya take wajen 30 zuwa 45.

Yanzu maganar "ya huce". Babu maganar da ta fi gajiyar da ni a aikin nan kamarta, don daga bakin mai tifa nake jin ta, daga bakin birkila, daga bakin mai unguwa, har daga bakin masu digiri. Malam, toriyom ba garwashi ba ne. Kafin rabin toriyom ɗin da ke cikin tulin nan ya ƙare sai an yi shekara biliyan 14. Na yuraniyom biliyan 4.5. Shekara 60 ko 70 da tulin ya yi a zube ba ta rage masa abin da na'ura za ta iya gani ba. Yadda yake ranar da Bature ya hau jirgi, haka yake yau, haka jikokin jikokinka za su same shi.

Batun wankin ruwa kuwa, juye yake. Ka ga yadda mace ke rege shinkafa a ƙwarya, ruwa ya tafi da mai sauƙi, tsakuwa ta kwanta a gindi? To haka ake wankin kuza, kuma haka ruwan sama ke yi wa tulin. Monazayit yana da nauyi kusan ninki biyu na yashi, kuma ba ya narkewa a ruwa yadda gishiri ke yi. Wankin da ma'aikata suka yi shi ne ya tattaro shi wuri ɗaya tun farko. Da yana warwatse cikin ƙasa ɗan kaɗan-kaɗan, aka wanke, aka sake wankewa, aka bi da shi ta inji, har ya taru ya yi ƙarfin da ya fi na ƙasar da aka ɗebo shi nesa ba kusa ba. Duk daminar da ta sauka a kansa tun daga nan, ƙasa mai sauƙi take ɗauka ta bar shi. Wanda ta iya ja kuma ba ɓacewa ya yi ba, ya gangara kwari ya kwanta a kududdufi ko a fadamar da ake noman rani. Saboda haka in mutum ya ce maka "an wanke shi", ya ba ka dalilin ƙara tsoro ne bai sani ba.

Sai ka ji an ce, ai da yana kisa da mun gani, kakanninmu a kai suka yi rayuwa. Da wane ido za a gani? Ba ya wari, ba ya ƙuna, ba ya sa ƙaiƙayi. Ciwon dajin huhu da radon, iskar da yuraniyom ke fitarwa, ke kawowa yakan ɗauki shekara 10, 20 ko fiye kafin ya bayyana. Tsohon ɗan kuza ya fara tari yana ramewa, a ce tarin fuka ne, a yi ta magani, ya rasu ba a taɓa ɗaukar hoton ƙirjinsa ba, a ce kwana ya ƙare. Kwana ya ƙare, haka ne, amma sanadin fa? A tsaunukan da ke tsakanin Jamus da ƙasar Cek, tun ƙarni na 16 aka rubuta cewa masu haƙar ma'adinai suna mutuwa da wani ciwon ƙirji, sai a 1879 likitoci suka gane ciwon daji ne, sai daga baya kuma aka gano radon ce. Yau Hukumar Lafiya ta Duniya ta sa radon a sahun gaba, bayan sigari, cikin abubuwan da ke kawo ciwon dajin huhu. Ban kuma yarda da masu ɗora kowace cuta ta Filato a kan kuza ba, wannan ma jahilci ne, yana sa a raina maganar gaskiya.

Kuskuren da ka yi garuruwa sun yi shi kafinka. A wani gari mai suna Grand Junction a jihar Kolorado ta Amurka, masana'antar tace yuraniyom ta bar mutane suna kwasar ragowar yashinta kyauta daga shekarun 1950 har zuwa 1966, don yashi ne mai kyau a ido. Aka zuba a harsashin gidaje da makarantu da hanyoyi. Daga baya sai da gwamnati ta bi wurare fiye da 4,000 tana fasa daɓe tana kwashewa. Kusa da mu, a Arlit ta Nijar, an fara haƙar yuraniyom a 1971. A 2009 ƙungiyar kare muhalli ta Greenpeace ta auna wasu wurare a titunan Akokan, garin da ke gefen Arlit, ta sami radiyeshin ninki ɗaruruwa na abin da aka saba, saboda duwatsun rami da aka yi ciko da su. Mahaƙar Cominak da ke wurin ta rufe a watan Maris na 2021 ta bar ragowa kimanin tan miliyan 20. Rami ya rufe, aiki ya ƙare, tulin na nan. 'Yan'uwanmu ne ke zaune a gefensa.

A ɗakinka ta hanya uku abin zai iya taɓa yara. Akwai hasken gama, wato radiyeshin mai ratsa abu, da ke fita daga bango da daɓe, wanda fenti ba ya tare shi, tayil ma kaɗan yake ragewa. Akwai iskar radon, da 'yar'uwarta toron da toriyom ke fitarwa. Toron ba ta cika minti ɗaya ba rabinta ya ƙare, don haka a jikin bango da daɓe take taruwa, daidai inda hancin yaro mai kwana a ƙasa yake. Ka kuma san Jos a hunturu: a rufe taga ruf, a toshe ƙasan ƙofa da tsumma, a kwana har safe iska ba ta zagaya ba. Sai ƙura, in filasta ya fara ɓarewa ko yara suna wasa a ragowar yashi a tsakar gida.

Daga yau ka mai da yara tsofaffin ɗakuna, maiɗakinka ma haka, har a auna. In babu hali, a ɗora su kan gado, a janye shi daga jikin bango, a bar taga a buɗe da rana, da dare ma a bar 'yar kafa. A goge daɓe da jiƙaƙƙen tsumma maimakon tsintsiya. Ragowar yashin a rufe shi da tamfol nesa da wurin girki da rijiya, kada a ba maƙwabci. Idan akwai mai shan sigari a gidan, wannan ne lokacin bari, don haɗarin radon a kan mai sha ya ninka na wanda ba ya sha kusan sau 25.

Madara abinci ce mai kyau, ka ba su in kana da hali, amma ba ta da wani aiki a nan. Haka sassaƙe da jiƙo da kwalaben "wankin guba" da ake talla da lasifika a tasha. Ƙwayar ayodin da wasu ke kawowa ta hatsarin tashar nukiliya ce, ba ruwanta da toriyom. Manhajar waya mai cewa tana auna radiyeshin ma kada ka dogara da ita. Duk wanda ya ce zai ɗebi jinin yaro a ƙaramin ɗakin gwaji ya gaya maka yawan abin da ya shige shi, kuɗinka yake so. Ɗakin ake aunawa, ba yaron ba.

Ka nemi sashen fiziks na Jami'ar Jos, ko Cibiyar Binciken Makamashi ta Jami'ar Ahmadu Bello da ke Zariya, ka kuma rubuta wa Hukumar Kula da Harkokin Nukiliya ta Ƙasa, NNRA, a Abuja, don hurumin nata ne. A auna hasken gama a tsakiyar ɗaki tsayin mita ɗaya, da jikin daɓe, da jikin bango. A auna tsofaffin ɗakunanka da waje don kwatance, saboda ƙasar Jos dama tana ɗan fin ta wasu wurare. A ɗauki samfurin yashin zuwa ɗakin bincike. A bar na'urar radon a ɗakin wata uku, zai fi kyau ya haɗa da hunturu. Ma'aunin da ake bi shi ne kada kayan gini su ƙara wa mutum fiye da milisibat 1 a shekara, radon kuma a nemi ta tsaya ƙasa da bekarel 100 a kubik mita, kada ta wuce 300. Kada ka karɓi "ba komai" da baki, a rubuta maka lambobi a takarda.

Idan awo ya zo da sauƙi, tayil da fenti mai kauri da ƙarin taga sun isa. Idan ya zo da yawa, sa'arka ita ce ba da shi aka buga bulo ba: a kankare filasta, a fasa daɓe, ginin ya tsaya. A jiƙa bango kafin a sa guduma, leburori su rufe hanci, iyali su bar gidan har a gama.

Abin da ke ƙona mini rai shi ne bai kamata magidanci irinka ya gano wannan daga bakin ƙanensa bayan an gama gini ba. Yawancin tulin da na je babu shinge, babu allo ko da na katako mai cewa kada a ɗiba. Ana taro a otal, ana karanta takardu, ana ɗaukar hoto, tifa kuma tana lodi da rana tsaka. Yanzu ma da monazayit ya yi kuɗi a kasuwar duniya, matasa na sake tonon tsofaffin tuli, ana jibge buhuna a shago da zaure, mai gadi yana shimfiɗa tabarma a kansu yana kwana, mata na shanya shi a tsakar gida kusa da tukunya. Masu saye sun san abin da ke cikin buhun, shi ya sa suke saye. Ku ji tsoron Allah, ku gaya wa masu ɗaukar muku kaya. Masu tifa, wanda ya sayar da yashin nan bai sani ba yana da uzuri, wanda aka gaya wa ya ci gaba da cewa "ya huce" don kada ciniki ya ɓaci, haƙƙin yaran da za su kwana a kai yana wuyansa. Limamai da fastoci da masu unguwa na Bukuru da Barikin Ladi, wannan magana ce ta mumbari da ta ƙofar fada.

In aka kai ga fasawa, Malam, ɓaraguzan kada su tafi cikon lungu ko ramin hanya, kada kuma a sayar. Ka tambayi waɗanda suka auna inda za a kai su, ka nuna musu ainihin tulin da aka ɗebo maka, ka gaya musu wasu gidaje nawa ka san tifar nan ta sauke wa kaya.