Tambaya da Amsa: In Sayar da Babur In Sayi Kyamara?

TAMBAYA: Assalamu alaikum Malam. Shekara biyu ke nan ina ɗaukar bidiyon biki da suna da wayata. Burina in zama mai ɗaukar hoton fim da talabijin. Ina tunanin sayar da babur ɗina in sayi kyamara. Me ka gani?
Daga ɗalibinka a Jega, Jihar Kebbi.

AMSA: Wa alaikumus salam, ƙanena. Don Allah bar babur ɗin nan tukuna. Kyamara ko haya kana samu, ka fara koyon haske.

Ni a bakin kogin Matan Fada na gane haka, a bikin kamun kifi na Argungu. Rana ta take, ruwa na ƙyalli, masunta sun afka da homa da gora. Na ɗauka da zumuɗi, da muka duba sai ga ruwa fari fat, fuskoki baƙi ƙirin, ba ka bambance kowa. Maigidana mai koya mini aiki bai yi faɗa ba. Ya ɗaura baƙin gilashin da ke rage hasken rana a bakin kyamara, ya juya ni rana ta koma gefen kafaɗata. Nan take ɗigon ruwa ya fito a goshin wani dattijo rungume da giwan ruwa. Har yau ina ganin fuskar nan.

Irin wannan kake fama da shi a gidan biki: ango baƙi, babbar riga fara sol. Waya rigar take bi, ta dusashe fuska. Danna kan fuskar ka kulle hasken a nan, ka sa yaro ya riƙe farin kwali daga ƙasa ya mayar da haske cikin idanu. In da hali, ɗauki mutane da hantsi ko la'asar sakaliya. Sannan mayar da wayarka hoto 25 a daƙiƙa, shi ne ma'aunin talabijin ɗinmu kuma ya dace da wutar Najeriya. A 30 ne za ka ga ƙwan lantarki na ƙifce-ƙifce. Sinima kuwa 24 take amfani da shi.

Maganar karatu, Jos za ka nufa: akwai makarantar fim ta Hukumar Fina-finai ta Najeriya, akwai kwalejin talabijin ta NTA. In babu kuɗi, je Kano ka kama gindin wani gwani. Za ka yi dakon ƙafar kyamara, ka yi cajin batir, ka ja wayar wuta kafin a bar ka ka leƙa kyamara. Kada ka raina wannan, a nan za ka ji yadda shi da darakta ke shawarar inda fitila za ta tsaya.

Ga aikin wannan makon: ɗauki fuskar mutum ɗaya a zaure ɗaya, da safe, da azahar, da magariba. Turo mini ukun in gani.