Akushin Yaya

Jikata, saƙonki ya iso. Kin ce me ya sa kullum da daddare ake zuba tuwo a tsohon akushin nan a rufe da faifai, da safe a ba almajiri, har ƙawarki ta ce miki camfi ne. Ba camfi ba ne, tuwon yayana ne.

Ina 'yar shekara goma sha biyu aka fara yaƙin basasa, a watan Yulin 1967. Yaya tela ne, ya rufe kekensa ya tafi shiga soja, Inna na riƙe da bakin rigarsa har zaure. Horon da aka ba su bai taka kara ya karya ba, aka tura su rundunar Murtala Muhammed. A watan Oktoba suka isa Asaba, suka tarar sojojin Biyafara sun karya gadar Kwara, sai aka zuba su a jiragen ruwa su haye Anacha. Wani ɗan unguwarmu da ya dawo da hannu ɗaya ya ce ya hango Yaya a jirgin da ke gabansu ana ta ɓarin wuta, daga nan bai ƙara ganinsa ba. Kada ki ɗauka mu kaɗai muka yi kuka. A kwanakin nan an kashe fararen hula masu yawa a Asaba, su ma iyayensu mata ne suka haife su.

Babu gawa, babu takarda. Inna ta hana a yi zaman makoki, ta ce wanda ba a wanke ba, ba a sallata ba, ita ba za ta karɓi gaisuwarsa ba. Da aka gama yaƙi a Janairun 1970, duk ranar da jirgin ƙasa zai iso da sojoji sai ta yafa mayafi mu tafi tasha, tana leƙa fuskoki ɗaya bayan ɗaya. Matarsa ta jira har alƙali ya ba ta hukunci, ta yi takabarta wata huɗu da kwana goma, ta yi aure, ban kuma taɓa ganin laifinta ba. Inna kuwa ba ta daina zuba masa tuwo ba, kada ya iso cikin dare ya tarar da tukunya a wanke.

Sai a ciwon ajalinta ta ce da ni: "Ya isa jira. Ki ci gaba da zubawa, amma da niyyar sadaka, ladan ya kai masa."

In kin zo hutu ke za ki riƙa zubawa. Miyar kuka yake so, da man shanu kaɗan a gefe.